Fatawa: Rancen Gida Na Shekara Talatin Da Abin Da Ake Biya A Ƙarshe

Tambaya: Allah gafarta Malam, ni ma'aikacin gwamnati ne, na daɗe ina zaman haya da iyalina. Duk wata ana yankar mini kuɗin Asusun Gidaje na Ƙasa daga albashi. An ce zan iya karɓar rancen naira miliyan 10 in sayi gida, in biya cikin shekara 30 da ruwan kashi 6 cikin ɗari. Abokan aikina suna cewa kashi 6 ba komai ba ne tunda kullum naira faɗuwa take, kuma ko bankin Musulunci na je abin da zan biya zai fi haka. Mene ne hukunci?

Amsa: Da sunan Allah Mai rahama Mai jin ƙai. Tsira da aminci su tabbata ga Manzon Allah da alayensa da sahabbansa.

Malamai ba sa yanke hukunci a kan abu sai sun fahimci yadda yake, don haka da lissafi za mu fara, ɗan'uwa. Asusun da kake magana an kafa shi da dokar 1992, ana yankar kashi 2.5 cikin ɗari na albashin ma'aikaci, Bankin Lamunin Gidaje na Tarayya ne ke riƙe da shi, kuma yana ba da rance da ruwan kashi 6 a shekara na tsawon lokacin da zai iya kaiwa shekara 30. Kalmar da abokan aikinka suke haɗiyewa ita ce "a shekara". Mutum yakan ji kashi 6 na miliyan 10 ya ɗauka naira dubu 600 ce ƙarin gaba ɗaya, alhali ruwan yana hawa ne a kan abin da ya rage na bashin kowane wata har wata 360. Biyan wata zai kama kusan naira 59,955. Idan ka tara na shekara 30, ka biya kimanin miliyan 21.6, wato ƙarin miliyan 11.6 a kan miliyan 10 da aka ba ka. Ruwan ya fi uwar kuɗin.

Yadda ake raba biyan nan na wata shi ne abin da ya fi cancantar a tsaya a kansa. A watan farko, cikin naira 59,955 da ka biya, dubu 50 cif kuɗin ruwa ne, abin da ya sauka daga bashin bai kai dubu 10 ba. Bayan shekara 10 kana biya ba fashi, ka zuba kusan miliyan 7.2, amma bashin da ke kanka yana nan wajen miliyan 8.4. Sai an haura shekara 18 kafin rabon da ke rage uwar kuɗi ya rinjayi rabon ruwa. Da wannan rancen na shekara 15 ne, biyan wata zai tashi zuwa kusan naira 84,400, jimilla kuma ta sauko zuwa miliyan 15.2. Gida ɗaya ne, kuɗin da aka karɓa ɗaya ne, abin da ya bambanta kawai tsawon lokaci, kuma shi ya jawo tazarar sama da miliyan 6. Wannan fa rancen gwamnati ne mai rangwame. Da a bankin kasuwanci ne da ruwan kashi 20, miliyan 10 cikin shekara 15 tana komawa sama da miliyan 31. Ba mu sa kuɗin lauya da na mai ƙiyasta darajar gida da inshora da rajistar jingina ba, da kuma kuɗin neman amincewar gwamna da Dokar Amfani da Filaye ta 1978 ta wajabta kafin a jinginar da fili mai takardar mallaka.

To sai dai a kula: yawan jimillar nan ba shi ne dalilin haramci ba. Na kawo lissafin ne domin yana nuna abin da ake sayarwa a wannan yarjejeniya. Banki bai sayar maka da gida ba, wani ne ya sayar maka. Abin da banki ya ba ka kuɗi ne, abin da zai karɓa kuɗi ne mafi yawa, kuma ƙarin yana tafiya da kwanakin da bashin ya yi a wuyanka. Wannan ita ce surar da Imamu Malik ya ruwaito a Muwaɗɗa daga Zaidu ɗan Aslam game da ribar jahiliyya: idan ajali ya yi, mai bin bashi ya ba wanda ake bi zaɓi tsakanin biya yanzu ko a ƙara masa lokaci a ƙara masa kuɗi. Ita ce ayoyin ƙarshen Suratul Baƙara, daga 275 zuwa 279, suka haramta, suka kuma iyakance haƙƙin mai ba da rance ga uwar kuɗinsa. Almajirin da ya karanta Risala ta Ibnu Abi Zaidin ya san rancen da ke jawo wa mai shi amfani bai halatta ba. Taron cibiyar binciken Musulunci ta Azhar a Alƙahira a 1965 da Majalisar Fiƙihu ta ƙasashen Musulmi a zamanta na Jidda a 1985 duk sun tabbatar cewa ruwan banki, kaɗan ne ko mai yawa, yana cikin wannan hukunci. Hadisin Jabir da Muslim ya ruwaito kuma bai bar mai bayarwa a waje ba, ya haɗa shi da mai ci da marubuci da shaidu. A nan rubutun boko yana ruɗa mutane, domin riba ta cin kasuwa da riba ta haramun duk harafi huɗu ne iri ɗaya. Ta farko ladan saye da sayarwa ce, ta biyu ita ce muke kira kuɗin ruwa. Ita kuwa jinginar gidan a karan kanta ba laifi, aya ta 283 ta halatta ta, kuma Annabi (SAW) ya rasu sulkensa yana jingine a wajen wani Bayahude saboda sha'ir da ya karɓa wa iyalinsa.

Hujjar abokan aikinka ta faɗuwar naira tana da ƙarfi, bai kamata a yi watsi da ita da gatse ba. Hukumar Ƙididdiga ta Ƙasa ta sanar da hauhawar farashi ta kashi 34.8 a Disamban 2024. Wanda ya ranci kuɗi da kashi 6 a irin wannan shekara, ta fuskar abin da kuɗin ke iya saye, ya biya ƙasa da abin da ya karɓa, kuma dubu 60 ta shekara ta 25 ba za ta yi nauyin dubu 60 ta yau ba. Ta lissafin kasuwa zalla, maganarsu gaskiya ce. Amma tambayar fiƙihu daban take: shin kashi 6 ɗin nan diyyar faɗuwar naira ce? Yarjejeniyar da kanta ta ce a'a. Ko naira ta faɗi, ko ta tsaya, ko ta ƙara daraja, kashi 6 za ka biya, saboda an sharɗanta shi tun ranar sa hannu a kan lokaci, ba a kan darajar kuɗi ba. Gaskiya ne akwai malaman da suka ce idan darajar kuɗi ta sauya a biya ƙima, kamar Abu Yusuf a Hanafiyya, da Rahuni a Malikiyya idan sauyin ya yi muni. Sai dai maganarsu a kan ranar biya take, bayan an ga asarar da ido, a daidaita tsakanin mutum biyu. Babu cikinsu wanda ya ce a yanka ƙari tabbatacce tun farko. Ita kuwa Majalisar Fiƙihu, a zamanta na Kuwait a 1988, ta tsaya ne a kan cewa bashi da kwatankwacinsa ake biyansa. Kuma da samun sauƙin mai karɓa yana halatta ruwa, da hukuncin ya riƙa juyawa duk lokacin da aka fitar da sabon rahoton farashi: halal a bana, haram baɗi, a kan takarda ɗaya.

Wasu suna cewa ai ladan aiki ne, tunda banki yana biyan ma'aikata da kuɗin ofis. Karɓar ladan hidimar rance ya halatta, majalisar ta amince da shi a Amman a 1986, da sharaɗin kada ya wuce abin da aka kashe a zahiri. Lissafin da ya gabata ya isa amsa: wane aikin takarda ne yake cin dubu 50 a wata, kuma yake ninkuwa idan kuɗin rancen ya ninku?

Saura maganar bankin Musulunci, kuma a nan ma abokanka ba su yi ƙarya ba. Jaiz da ya fara aiki a 2012, TAJ a 2019 da Lotus a 2021 suna kasuwanci ne da kuɗin masu ajiya da masu hannun jari, ba su da rangwamen da asusun gwamnati ke da shi, don haka jimillar da za su nema tana iya zarce ta asusun. Tsada ba ta haramta ciniki, araha ba ta halatta ruwa. Idan banki ya sayi gida miliyan 10, ya shiga mallakarsa, sannan ya sayar maka miliyan 18 a biya cikin shekara 10, wannan ciniki ne na ajali, kuma mazhabobi huɗu sun halatta farashin ajali ya fi na hannu matuƙar an tsaya a kan farashi ɗaya kafin a rabu. Majalisar Fiƙihu ta jaddada haka a Jidda a 1990. Mai cewa duk kanwar ja ce ya duba wurare biyu. Na farko, akwai lokacin da gidan yake hannun banki, da ya rushe ko takardunsa sun zama na jabu, asararsa ce. Na biyu, miliyan 18 ɗin ta daskare: idan ka makara da biya, ba ta zama 19 a aljihun banki, tarar jinkiri da wasu bankuna ke sawa sadaka ake fitar da ita. Haka tsarin haɗin gwiwa mai raguwa, inda kai da banki kuke mallakar gidan tare, kana biyan hayar kasonsa kana sayen kason sannu a hankali, da tsarin hayar da ke ƙarewa da mallaka. Amma suna ba ya wanke yarjejeniya. Idan banki bai taɓa mallakar gidan ba, ko ya ɗora maka dukkan asara da manyan gyare-gyare alhali yana karɓar haya a matsayin mai gida, to rancen ruwa ne aka naɗa wa rawani. Ka nemi takardar ka kai wa malamin da ya san mu'amala kafin ka sa hannu, ka kuma nemi a rubuta maka jimillar abin da za ka biya har ƙarshe, da abin da zai faru idan ka so biya da wuri. Halaccin ciniki bai ɗauke maka nauyin lissafi ba. Mutum yana iya shiga bashin halal da zai hana 'ya'yansa kuɗin makaranta.

Za a ce lalura fa? Matsuguni yana cikin buƙatun da rayuwa ba ta tsayuwa sai da su, amma lalurar da ke halatta haram ita ce wadda in ba a yi ba rai ko lafiya za su salwanta, kuma ba wata mafita. Kai kana da rufin asiri a gidan haya. Takurar mai gida da ƙarin kuɗin haya wahala ce ta gaske, sai dai ba ta kai wannan matsayi ba. Masu kafa hujja da fatawar Majalisar Fatawa ta Turai, wadda ta zauna a Dublin a 1999 ta yi rangwame ga Musulmin can su sayi gidan zama da rancen ruwa, su karanta sharuɗɗanta: tsiraru ne a ƙasar da ba ta Musulunci ba, ba su da wani gida, kuma ba su da wata hanya ta halal. Ko a hakan malamai da yawa sun yi mata raddi, domin ta jingina wani ɓangare da ra'ayin Abu Hanifa kan mu'amala a wajen ƙasar Musulunci, ra'ayin da jumhur ba su bi ba. Ɗauko ta a shimfiɗa a Kano ko Kaduna, inda bankunan da ba sa ruwa suke da rassa, sanya ta ne a inda masu ita ba su nufa ba.

Saboda haka wannan rance da ka siffanta bai halatta ka karɓa ba. Yankan da ake yi maka daga albashi ba laifinka ba ne tunda ba da zaɓinka ake yi ba, kuma kuɗinka ne, kana da haƙƙin karɓar abin da ka tara idan lokacin mayarwa ya yi. Idan an haɗo da ruwa, ka ware shi ka ba mabuƙata ba da niyyar neman ladan sadaka ba. Ka je ofishin Bankin Lamunin Gidaje na Tarayya ka tambaya a rubuce ko akwai tsarin da ba ruwa da za ka iya shiga da gudummawarka, domin yawan masu tambaya ne ke sa hukumomi buɗe irin wannan ƙofa. Ka kuma auna tsohuwar hanya da lissafin nan: dubu 60 a wata ta shekara 10 miliyan 7.2 ce. Ba a tara ta tsaba naira ta cinye ta, fuloti ake fara saye, kwasar adashi ta zama bulo, wata kwasar ta zama linta da kwano, a shiga ɗaki biyu a ci gaba da ginin daga ciki. Na san haɗa wannan da kuɗin haya ba sauƙi, kuma ya fi jinkiri.

Wanda kuma ya riga ya karɓa, ya tuba, kada ya daina biya har a ƙwace gidan iyalinsa su tagayyara. Ya duba sharaɗin biya da wuri a takardarsa, domin duk abin da ya ƙara a kan uwar kuɗi a shekarun farko yana yanke ruwan shekaru masu yawa a gaba. Gidan nasa ne, zama a cikinsa da salla a cikinsa da gadonsa duk sun inganta, domin haramcin yana kan yarjejeniyar rancen, bai shafi cinikin da ya yi da mai gidan ba.

Allah ne Mafi sani.