TA FITA DA BUHU ƊAYA, MU MUNA ZAGIN DOKAR INDIYA



Bayan karatun Magariba a Kurya Madaro wani matashi ya tare ni. Ya ce, "Malam, na gani a fim ɗin Indiya alƙali ya sa mutum ya riƙa biyan matar da ya saka kuɗi duk wata. Wanga ba zalunci ba ne?"

Na ce masa abin da ya gani akwai shi. Dokar auren Hindu ta 1955, a sashe na 25, ta ba kotu ikon yanke wa ɗaya daga cikin ma'aurata ciyar da ɗayan bayan rabuwa, ko a dunƙule ko wata-wata, har tsawon rai. Har Musulmin can abin ya taɓa. Shah Bano, tsohuwa mai shekara 62 da 'ya'ya biyar, mijinta lauya ya sake ta a 1978. Kotun Ƙoli ta ba ta ciyarwa a 1985, malamai suka tayar da ƙura, gwamnatin Rajiv Gandhi ta yi wa matan Musulmi doka ta daban a 1986.

Shari'armu ba ta ɗora wa namiji ciyar da bazawara har mutuwa ba. Na faɗa masa haka, ya yi murmushi. Murmushin nan shi ya hana ni barci.

Don a makon na ga wata baiwar Allah a tashar Ƙaura, goye da yaro, buhu ɗaya a gabanta. Da safe aka miƙa mata takarda, kafin azahar tana waje. Gidan ubanta yana wani ƙauye ta wajen Zurmi da 'yan bindiga suka tasa. "Tafi gidanku" ake cewa. To wane gida?

Farkon Suratuɗ Ɗalaƙ ya hana a fitar da ita daga ɗakinta lokacin idda. A mazhabar Malikiyya da muke bi, mai sakin kome tana da ci da wurin kwana har ta gama idda. Wadda igiyarta ta ƙare tana da wurin zama, in kuma tana da ciki, ciyarwa na kansa har ta haihu. Riƙon yara nata ne, namiji sai ya balaga, mace sai ta tare a ɗakin miji, abincinsu da suturarsu na wuyan uba. Tun shekarar 2000 Zamfara ke alfahari da Shari'a. Ku faɗa mini tsakani da Allah, a unguwarku mata nawa suka yi idda a ɗakinsu?

Sai mut'a, kyautar sallama da aya ta 241 ta Suratul Baƙara ta ambata. Imam Shafi'i na ganin wajibi ce. Malikiyya suka ce mustahabbi ce, alƙali ba ya tilastawa. A nan muke ɓuya. Da an ji "mustahabbi" sai a ɗauka an ce "a bari". Amma nafilar Tahajjud ma ai mustahabbi ce, ga shi muna cika masallaci a goman ƙarshe. Wadda ta shafi aljihu ce kawai ta yi nauyi. Ni a fahimtata, barin abin ga zuciyarka da aka yi jarrabawa ce gare ka: macen da ta yi shekara goma sha biyar tana daka maka, tana jinyar mahaifiyarka, me za ka sa mata a hannu alhali ba alƙalin da zai kama ka?

Ni kaina na sha rubuta wa mutane takardar saki ban tambaye su inda za ta kwana ba. Allah ya yafe mini. Yanzu duk wanda ya zo, sai ya fara gaya mini ɗakin da za ta yi idda, da tiya nawa ta gero zai riƙa aunawa yara duk mako, a gaban waliyyinta, kafin in ɗauki alƙalami.