Yaƙin Turwa a majigi marar murya: shin ido kaɗai na iya tausayi?

A shekarar 1911, a birnin Turin na ƙasar Italiya, Giovanni Pastrone da Luigi Romano Borgnetto suka fito da majigin La caduta di Troia, wato faɗuwar birnin Turwa, wanda tsawonsa ya kai kusan rabin awa. A farkonsa an nuna Homer, mawaƙin Girkawan dauri, riƙe da kayan kiɗansa a gaban masu saurare. Baki na motsi, amma babu kalmar da ke isa kunne. Daga nan sai satar Helena, da ƙaton dokin katako, da ɗaruruwan mayaƙa, da wuta tana cin birni.

Abin lura shi ne, waƙar Iliyada ba ta kai ga labarin dokin ba. Ƙarshenta na kan tsoho Priam, sarkin Turwa, wanda ya je da dare zangon maƙiyi, ya sumbaci hannun Ashil da ya kashe masa ɗa, yana roƙon gawar Hektor. Su biyun suka yi kuka tare. Haka kuma mawaƙin yakan ambaci sunan wanda ya faɗi a fagen fama, da sunan ubansa, da garinsu. Da magana ake mayar wa gawa mutuncinta.

Na'urar ɗaukar hoto ta wancan zamani kuwa daga nesa take tsayawa. Taro take gani, ba ta san ɗan kowa ba. Mai kallo yana sha'awar girman ganuwa da kyan harshen wuta, har ya manta akwai uwaye a bayan ganuwar. A watan Satumba na wannan shekara Italiya ta shelanta yaƙi don ƙwace Turabulus, a Nuwamba kuma matuƙin jirginta ya jefa bam daga sama a Libiya, karo na farko a tarihin yaƙi. Majigi bai haddasa wannan ba, amma nisan kallon iri ɗaya ne.

Sai dai laifin ba na shiru ba ne kaɗai. A 1924, da Manfred Noa ya nuna Helena a Jamus, cikin masu kallo akwai zawarawa da marayun yaƙin duniya na farko. Su ba su buƙaci a faɗa musu sunan matattu ba, da shi suka shigo zauren. Hoto bebe ne. Abin da zuciya ta zo da shi ne ke ba shi harshe. Wanda bai taɓa binne nasa ba, wajibi ne ya tambayi kansa: ɗan wane ne wancan da ya faɗi?