Bashi Ba Sata Ba Ne

'Yan'uwa, a nan Kurni mutum yakan ranci buhun hatsi da damina, kaka ta zo bai biya ba. Mai hatsi ya fusata, ya nufi jandarma a Matamaye. Daidai ne? Aikin jandarma kama ɓarawo ne da mai zub da jini. Maganar bashi da iyakar gona kuwa, dokar sarauta ta 2015 ta ba mai gari da sarki ikon sasantawa. In ta gagara, sai alƙali. In ka sa an tsare manomi, wa zai nome gonar da za a biya ka? Fara zuwa wurinsa kai kaɗai, sa'an nan tare da dattawa biyu. Gama gobe ma maƙwabcinka ne.