MUN HAU DUWATSUN JOS: AMSA GA MASU TAMBAYAR HUKUNCIN YAWON BUƊE IDO



Godiya ta tabbata ga Allah, tsira da aminci su tabbata ga Manzon Allah da alayensa da sahabbansa baki ɗaya.

Bayan haka, 'yan uwa, tun ranar da wasu ɗalibanmu na nan Tsanyawa suka sa hotunan tafiyar da muka yi Jos, saƙonni ba su daina shigowa ba. Wani ya ce: "Malam, har da kai a yawon buɗe ido?" Wani ya ce: "Mene ne hukuncin mutum ya ƙona kuɗin mota don kawai ya je kallon dutse?" Wata baiwar Allah kuma ta ce ɗanta ya sa ta gaba sai ya bi tafiya ta gaba, ita kuwa hankalinta bai kwanta ba. Zan amsa muku gaba ɗaya, amma ku yi haƙuri in fara ba ku labarin, don amsar tana cikinsa.

Bayan an gama kaka, gero ya shiga rumbu, an sayar da gyaɗa, sai samarin makarantarmu ta dare suka same ni a zaure. Suka ce: "Allah ya gafarta Malam, mun yi adashi, muna so mu je mu ga duwatsun Jos, kwana biyu kawai, kuma muna so ka raka mu." Na ce na ji, amma da sharaɗi. Duk wanda iyayensa ba su sa masa albarka ba, ya zauna. Duk wanda zai ci bashi don ya je, ya zauna. Duk mai iyalin da bai ajiye musu cefanen kwanakin ba, ya zauna. Mutum uku suka zauna, muka rage mu goma sha biyu. Sannan na ce a naɗa shugaban tafiya, domin Abu Dawud ya ruwaito umarnin Annabi (SAW) cewa ko mutum uku ne suka fita tafiya su shugabantar da ɗaya. Suka ce ni. Na ce a'a, ku ba wanda ya fi mu iya lissafi da haƙuri da direba, ni ma in bi shi.

Bayan asuba muka tashi. Bichi, Dawanau, muka ratsa Kano, Kura, muka karya a Kwanar Dangora, sai Tudun Wada. Dajin Falgore da rana tsaka muka wuce shi, ba mu yarda dare ya same mu a can ba, don dogaro ga Allah bai hana ɗaure raƙumi ba. Daga Doguwa ƙasa ta fara tashi. Saminaka, Jengre, sai muka ji motar tana nishi, iska tana sauyawa.

Ku da ba ku san garinmu ba, Tsanyawa ƙasa ce shimfiɗaɗɗiya, daga gona sai gida, daga gida sai gona. Cikin yaran nan akwai wanda abu mafi tsawo da yake gani kullum shi ne kuka da ƙarfen kamfanin waya. Birnin Kano yana wajen mita 500 sama da teku, Jos tana wajen mita 1,200, ƙololuwar duwatsun Shere da ke gabas da garin kuwa ta haura mita 1,800. Da muka fara hawa sai surutu ya ɗauke a motar. Na tuna musu abin da Jabir (RA) ya faɗa a Bukhari, cewa sahabbai in sun hau tudu kabbara suke yi, in sun gangara su yi tasbihi. Wallahi a ranar na gane hikimar. In ka hau sama, zuciya tana ɗan jin kanta, sai kabbara ta tuna mata wane ne Babba.

To, hukuncin. Asalin tafiya don ganin halittar Allah halal ne, kuma niyya tana iya ɗaga ta ta zama ibada, tana iya kayar da ita ta zama wasa, abin da aka aikata a cikinta kuma yana iya mayar da ita saɓo. Wannan ba maganar fatar baki ba ce, har cikin sallarka take shiga. A mazhabar Malikiyya da muka tashi a kai, matafiyi yana ƙasaru in tafiyarsa ta kai buridi huɗu, wato mil 48, kimanin kilomita 80, matuƙar bai yi niyyar zaman kwana huɗu ba. Daga Tsanyawa zuwa Jos an ninka wannan sau da yawa. Amma ku koma Mukhtasar na Shehu Khalil, za ku ga ya cire mutum biyu daga wannan sunnar: mai tafiyar saɓo da mai tafiyar wasa. Masu sharhi suka ce na farko bai halatta ya yi ƙasaru ba, na biyu kuma makaruhi ne a gare shi. Kun ga ke nan, mota ɗaya, kujera ɗaya, amma wannan sassaucin Allah ya same shi cikakke, wancan kuwa malamai suna ja masa. Bambancin yana cikin ƙirji.

Allah da kansa ya aike mu kallo. A Suratul Gashiya ya jera abubuwa huɗu da yake so bawa ya tsaya ya duba, dutse na cikinsu. A Suratu Faɗir ya ja hankalinmu ga bambancin launin duwatsu, kuma nan take ya bi da maganar cewa masu ilimi su ne masu tsoronsa. Sai dai a kiyaye: muna kallon dutse ne don Wanda ya kafa shi, ba don dutsen ba. Ba a shafa shi don tabarruki, ba a ɗebo ƙasarsa a matsayin magani. Mu Kanawa mun san abin da aka yi a kan Dala zamanin Barbushe da Tsumburbura kafin Allah ya tsamo kakanninmu. Ba za mu koma ta bayan gida ba.

Yanzu bari in zo kan abin da ya sa na ɗauki alƙalami, don ni ne abin ya fara kamawa.

Shugaban tafiyarmu ya samo mana ɗan jagora, wani dattijo ɗan asalin yankin, kuma ba Musulmi ba ne. Ba zan ɓoye muku ba, da na ji haka sai da gabana ya faɗi. Duk mun san abin da Jos ta gani tun rikicin 2001, da na 2008, da na 2010, kuma iyayen yaran nan a hannuna suka danƙa su. Ɗaya daga cikin yaran ya raɗa mini: "Malam, anya kuwa?" Sai Allah ya tuna mini da Hijira. Tafiyar da ta fi kowace tafiya haɗari a tarihin Musulunci, wa ya ja ta? Abdullahi ɗan Uraiƙiɗ, mutumin da a lokacin yana kan addinin mutanensa. Annabi (SAW) da Abubakar (RA) suka ɗauke shi haya saboda ya san hanya kuma yana da amana, suka ba shi raƙumansu, ya same su a kogon Sauru bayan kwana uku, ya bi da su ta gaɓar teku. Na ce wa yaron: "Mun bincika, waɗanda suka san shi sun shaide shi da amana. Wannan ya ishe mu."

Washegari bayan azahar ya hau da mu duwatsun Shere. Yana gaba da sanda, yana cewa a taka nan, kar a taka can. Da muka kai inda za mu kai, 'yan uwa, gani ya kori ji. Ga Jos can ƙasa kamar an watsa tsaba, ga duwatsu an ɗora wani kan wani ba siminti ba turke, ga sanyi yana ratsa riga. Kowa ya zaro waya. Ni ma na zaro, wai zan ɗaukar muku ɗan wa'azi na minti biyu a kan girman Allah. Na ɗauka, iska ta ɓata sautin, na sake. Na ga rawanina ya karkace, na sake. Ina cikin na huɗu ko na biyar sai na ji dattijon nan a bayana yana cewa a hankali: "Malam, ka yi haƙuri, ina ga kamar lokacin sallarku yana wucewa. Ga ruwa na taho muku da shi."

Na ɗaga kai, rana ta fara ja. La'asar! Jarkar da muka ga yana ɗauke da ita tun daga ƙasa, mun zaci ta shansa ce. Ashe ya saba hawa da Musulmi, ya san za mu nemi alwala.

Kunyar da na ji ranar, Allah kaɗai ya sani. Ni ne malamin, ina tsaye ina faɗa wa waya girman Allah, ga kiran Allah ya zo ban ji ba. Muka yi alwala da ruwan nan mai sanyi kamar ƙanƙara, muka yi raka'a biyu a kan fa, shi kuma ya koma gefe ya zauna yana tsare mana takalma da jakunkuna. Ina sallama sai ƙarshen Suratul Ahzab ya faɗo mini, inda Allah ya ba da labarin amanar da aka bijiro wa sammai da ƙasa da duwatsu suka ji tsoron ɗauka, mutum ya ɗauka. Dutsen da ke ƙarƙashin goshina ya san nauyin abin ya ƙi. Ni da na karɓa, hoto ya kusa mantar da ni. Bidiyon nan na goge shi, shi ya sa ba ku gan shi ba.

Rana ta biyu muka bi ta Riyom muka ga dutsen nan da aka jera kamar tulin ƙwarya, muka gangara Hawan Kibo zuwa inda ruwan Assop yake zubowa. Tun kafin mu sauka daga mota dattijon ya ce kar kowa ya taka dutsen da ya yi kore, santsi gare shi. Shugaban tafiya ya maimaita. Amma wani yaronmu yana son hoton da babu wanda ya yi irinsa. Sai ji muka yi ƙafa ta tafi. Allah ya sa dattijon yana kusa, ya cafko shi ta wuyan riga. Wayar ta tafi, gwiwa ta fashe, rai ya tsira. Wanda bai ji bari ba ya ji hoho. Da yaron ya dawo hayyacinsa na ce masa: "Ɗana, da ka tafi, me zan je in ce wa mahaifiyarka? In ce ya rasu wajen neman me?" Jikinka amana ne, ba naka ba ne. Bin maganar jagora da shugaban tafiya a irin wannan wuri addini ne, ba tsoro ba.

A hanyar dawowa, wajen Bukuru, ya tsaya da mu a bakin wani tafki mai kyan gani. Yaran suka fara yabawa. Ya ce wannan ba tafkin Allah da Annabi ba ne, ramin kuza ne. Tun farkon ƙarni na 20 kamfanonin Turawa suka haƙe ƙasar nan, kuma Hausawa da yawa sun zo aikin, shi ya sa za ka ji garuruwa da sunan Hausa irin su Barikin Ladi. A lokacin yaƙin duniya na biyu, daga 1942 zuwa 1944, har tilasta wa mutane aka yi daga lardunan Arewa, da yawa sanyi da cuta suka kashe su a nan. Kuzar ta tafi, kamfanonin sun tafi, ramukan suna nan. Na ce wa yaran ku duba da kyau, ƙila kakan wani a cikinmu ya ɗauki kwanon ƙasa a bakin ramin nan. Muka yi wa Musulmin da suka rasu a wurin addu'a. Wannan tsayuwar ta minti goma ta fi mini hotuna ɗari.

Kuma kar ka ce dutsen Jos ina ruwansa da kai. Kogin Kano daga gindin waɗannan tsaunuka yake tasowa, ya ratsa Falgore ya zuba a madatsar Tiga da aka gina zamanin Audu Bako, daga nan ruwan ya shiga gonakin Kadawa da Kura. Shinkafar da ka ci jiya, mai yiwuwa ruwanta a kan dutsen da ba ka taɓa gani ba ya sauka. Haka Allah yake ciyar da bawa ta inda bai sani ba.

To ga amsarku a taƙaice. Mai tambayar hukunci: je ka, in kuɗinka ne na halal, ba ka tauye haƙƙin kowa ba, kuma wurin ba na sheƙe aya ba ne. Ka daidaita niyya tun daga ƙofar gida. Ku san lokutan sallah da alƙibla kafin ku hau, ku ɗauki ruwan alwala da kanku, kar ku jira wani ya ɗaukar muku kamar yadda aka yi mana. Ku tambayi halin hanya, ku yi tafiyar rana. Ku biya jagora haƙƙinsa cikakke ba tare da ja-in-ja ba, kar ku taka gonar mutane, kar ku ɗauki hoton matansu, kar ku bar musu leda da robobi. Garin wasu kuka je, kuma da ku za a auna Musulunci.

Ke kuma Hajiya mai tsoro saboda ɗanki, tsoronki yana kan hanya. Ki tambaye shi su wa zai bi, wa ke shugabanta, wa zai ja su. In amsar ta gamsar da ke, ki sa masa albarka. In ba ta gamsar ba, ki hana, kuma wajibi ne ya hanu. Dutse yana nan, ba inda za shi.

Da za mu rabu da dattijon nan na riƙe hannunsa na yi masa godiya, na roƙa masa shiriya da alheri a zuciyata, har yau kuma ina roƙa masa. Ku taya ni.

Allah ya sa idanunmu su zama ƙofar tunani, kar su zama ƙofar gafala. Allah ya zaunar da Filato da Kano da ƙasarmu baki ɗaya lafiya, ya tsare matafiya, ya jiƙan iyayenmu. Wanda ya ga kuskure a maganata ya gyara mini a cikin ladabi, ni ma ɗalibi ne.

Wassalamu alaikum wa rahmatullah.