Ikramin Baƙo da Iyakar Takallufi

A cikin abubuwan da zamani ya shigo da su gidajen Yamai, har ya kai su unguwar Zongo, wadda asalinta masaukin fatake ce da matafiya, akwai wani girki na Faransawa da ake yi da dankalin Turawa, wanda mutanen Nijar suka fi sani da kwambitar. Akan fere shi, a yanka shi fale-fale, a jera yankan a kasko kewaye bisa kewaye, ana shafa man shanu tsakaninsu ana barbaɗa gishiri da masoro da yankakken ganye mai ƙamshi, lawashi ko ɗoɗɗoya, sa'an nan a bar shi bisa wuta kaɗan-kaɗan har ƙasansa ya yi ja, a kife shi a faranti ya fito dunƙule guda. Ba a wanke yankan bayan an yanka, domin farin ruwan da ke jikinsa shi ne ke manne su. Aiki ne mai cin lokaci da haƙuri, ba kuma a cika yinsa ba sai don baƙi.

Babu mai shakka a kan halascinsa. Shukar dankalin ta fito ne daga duwatsun Andes na Kudancin Amurka, mutanen Sifen suka kai ta Turai a ƙarni na 16, yau kuwa manoman Bonkuku na ƙasar Filinge da masu lambunan Abzin irin na Tabelot ke nomanta, a lodo ta zuwa kasuwar Katako inda take zama kusa da albasar Galmi. Mas'alar da ta dami mai tunani wata ce dabam: shin wannan wahala da ƙawa da ake zubawa a abincin baƙo, ikrami ne da Shari'a ta yi umurni da shi, ko kuwa takallufi ne da magabata suka ƙi?

Dalilan ɓangarorin biyu masu ƙarfi ne. Ya tabbata a Buhari da Muslim cewa Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya haɗa girmama baƙo da imani da Allah da Ranar Lahira, ya kuma iyakance liyafa kwana uku, wanda yini da dare na farko su ne na kyautatawa ta musamman. Alƙur'ani mai girma, a Suratu Hudu da Suratuz Zariyati, ya ba da labarin Annabi Ibrahimu, amincin Allah ya tabbata a gare shi, yadda ya sulale zuwa ga iyalinsa ba tare da baƙinsa sun ankara ba, ya kawo musu gasasshen ɗan maraƙi mai ƙiba, ya kusantar da shi gare su, alhali bai san ko su wane ne ba. A ɗaya ɓangaren, an ruwaito daga Salmanul Farisi cewa an hana Sahabbai kallafa wa kansu abin da ba su da shi saboda baƙo, kuma Imamul Gazali, wanda ya rasu a shekara ta 505 ta Hijira, ya bayyana a babin ladubban ci na littafinsa Ihya'u cewa daga alamomin takallufi akwai mutum ya ciyar da ɗan'uwansa abin da shi kansa ba ya ci, ko ya kwashe abin gida duka har iyali su cutu.

Abin da nake gani, Allah ne mafi sani, shi ne wannan girki ya kuɓuta daga zargin takallufi. Kayansa na talaka ne. Abin da ya yi tsada a cikinsa shi ne kulawa, kuma kulawa ba ta jawo bashi, ba ta rage abincin yara. Wanda ya ɗauki abu mai araha ya kyautata shi har baƙo ya gane cewa an yi tunaninsa tun kafin ya iso, ya yi ihsani, kuma ya fi kusa da sunna bisa ga wanda ya ci bashin rago domin a faɗa a unguwa, wanda ba abin da ya samu sai riya da nauyi, baƙon ma in mai kunya ne ba zai so komowa ba.

Amma akwai wani wuri da zuciyata ba ta natsu ba, a nan kuma ya kamata mutumin Zongo ya tsaya ya yi nazari. Wannan abinci yankawa ake yi bisa ƙidaya: an gayyaci mutum shida, an yanka shida, an kuma sa lokaci, domin in ya huce daɗinsa ya tafi. Ke nan ya dace da baƙon da aka zaɓa, aka san darajarsa, ake kuma sa ran wata rana zai rama. Baƙon da unguwar nan ta ginu a kansa kuwa, musamman bayan da aka maido fadar mulki daga Damagaram zuwa Yamai a 1926 garin ya cika da masu neman abin kansu, shi ne wanda ya yi sallama bayan magariba da ƙurar hanya a ƙafa, ba wanda ya san da zuwansa, ya ce daga Maraɗi ko Sakkwato yake, mai gida ya ce masa bismilla, aka matsa aka ba shi wuri a gaban akushin tuwo, wanda ba ya ƙin hannu na bakwai. Game da irin wannan ne hadisi ya nuna cewa abincin mutum biyu yana isar uku, kuma Abu Huraira ya ruwaito zargin walimar da ake kiran mawadata a bar matalauta. Tsoron da nake yi shi ne a saba da liyafar gayyata har mai sallama ba zato ya zama abin damuwa, a riƙa ɓoye faranti a ɗaki har ya tashi.

Sa'an nan akwai haƙƙin wadda ta yi aikin. Mai gida ne ke karɓar yabo a zaure, uwargida ce ta sha hayaƙi a madafa, kuma in ba da yardarta da jin daɗinta aka yi ba, to takallufin da aka ce babu shi a aljihu ya koma bisa kafaɗarta, ga shi kuwa malamai ba su halatta a girmama na waje da cutar da na ciki ba. Saboda haka nake ganin wanda zai yi wannan girki ya fara da neman shawararta, ya cire wa iyali rabonsu kafin a fitar, ya kuma sa a ɗora tukunyar shinkafa ko dambu a gefe, domin almajiri da maƙwabci da duk wanda Allah ya kawo ƙofa a wannan dare.