Da Ɗan Gari Akan Ci Gari

A birnin Kyoto na ƙasar Japan akwai wata sana'a da ta bunƙasa tare da wayar hannu. Mutum yana zaune a Kano ko Yamai zai iya buɗe manhaja, ya zaɓi rana, ya biya kuɗi, ya ɗauki ɗan jagora na kansa wanda zai zagaya da shi a ƙafa na awa huɗu ko shida, shi kaɗai ko da iyalinsa. Hanyar da ake bi kusan sananniya ce. A fara daga haikalin Kiyomizu da ke gefen tsauni, wanda aka kafa a shekarar 778, ginin da ke tsaye yau kuma na 1633 ne, da dandamalinsa na katako mai tsayin kusan mita 13 da aka harhaɗa ba ƙusa ko ɗaya. A gangaro ta tsofaffin titunan dutse na Sannenzaka da Ninenzaka, a ratsa wurin bautar Yasaka, a shiga unguwar Giyon dab da magariba, lokacin da gidajen shayi ke kunna fitilun bakin ƙofa. Tallan irin wannan yawo ba ya rasa alkawari guda, wato za a kai ka lungunan da sauran baƙi ba su sani ba.

Wannan alkawarin ne ya tsaya mana a rai. Lungun da baƙi ba su sani ba, ai mazauna cikinsa sun san shi, nan suke shanya, nan 'ya'yansu ke bi zuwa makaranta. Shin an shawarce su kafin a kai shi kasuwa?

Giyon ita ce ta fi shan wannan wahala. A nan matan da duniya ta sani da geisha suke aiki, mutanen Kyoto kuwa geiko suke ce musu, masu koyon sana'ar kuma maiko, waɗanda yawancinsu 'yan mata ne da ba su wuce shekara ashirin ba. Sana'arsu rawa ce da kiɗa da iya hira da baƙi a gidajen shayi, kuma sukan yi shekaru suna koyo. Idan ka ga maiko ta fito da yamma cikin kwalliya, a kan hanyarta ta zuwa aiki take, kamar yadda ma'aikaciyar jinya ke sauri zuwa asibiti. Masu yawon buɗe ido sun mayar da wannan 'yar tafiya abin farauta. Ana bin su da gudu, ana tare musu hanya da waya, ana jan hannun rigarsu, wasu har kutsawa suke cikin harabar gidajen mutane. A watan Oktoba na 2019 majalisar mazauna unguwar ta kafa alluna da ke hana ɗaukar hoto a lungunan da ba na gwamnati ba, da tarar yen 10,000. Abin bai tsaya ba. A 2024 suka ƙara mataki, suka ce baƙi su daina shiga irin waɗannan lunguna gaba ɗaya, aka bar musu babban titin Hanamikoji wanda na kowa ne. A shekarar ce kuma baƙin da suka shiga Japan suka haura miliyan 36, Kyoto kuwa mutanenta ba su kai miliyan ɗaya da rabi ba.

Wanda zai kare ɗan jagora yana da hujja mai ƙarfi, kuma bai kamata a raina ta ba. Mutum biyu ko uku a bayan wanda ya san gari sun fi ayarin mutum hamsin da bas ta sauke sauƙin ɗauka. Shi zai ce maka cire takalmi a nan, kada ka taka dokin ƙofa, sassauta murya ana addu'a, mayar da wayarka aljihu. Shi zai fahimtar da kai cewa dubban ƙofofin nan jajaye na Fushimi Inari kyauta ce da 'yan kasuwa da kamfanoni suka bayar, sunan kowane mai bayarwa a rubuce a bayan tasa. Baƙon da ya san wannan zai bi ta cikinsu da nutsuwar da wanda ya zo neman hoto kawai ba shi da ita. Hausawa sun ce da ɗan gari akan ci gari. Sai dai karin maganar baki biyu gare ta. A bakin matafiyi, ɗan gari ne ke sa ka ji daɗin gari. A bakin mayaƙan da, shi ne wanda ya san ƙofar da ba a tsaro, ya nuna wa maƙiya cikin dare.

Mu da muke rubuta manhajojin kwamfuta mun san wani bambanci da aikinmu ke tilasta mana mu kiyaye kullum, tsakanin inda mutum zai iya kaiwa da inda aka yarje masa ya kai. Ma'ajiyar bayanai da aka manta ba a kulle ba, wanda ya shiga ya kwashe ba zai kare kansa da cewa a buɗe ya same ta ba. Taswirar da ke cikin waya kuwa ba ta cika sanin wannan bambanci ba. A wurinta lungu layi ne da ya haɗa wuri biyu, in ya fi kusa sai ta ce bi nan. Ba ta san cewa tagar ɗakin kwanan wata tsohuwa na kallon lungun ba. Abin da taswira ta rasa ke nan, kuma shi ne ainihin jarin ɗan jagora. Ya san inda ake shiga, ya san inda ake tsayawa a juya.

To, ga inda gizo ke saƙar. Mutum uku ne cikin wannan ciniki, amma biyu kaɗai ke da baki. Baƙo ya biya, ɗan jagora ya karɓa, bayan an gama manhaja ta ce wa baƙo ya ba shi taurari daga ɗaya zuwa biyar. Yawan taurarin ne ke ɗaga sunan ɗan jagora sama a jerin da mai neman gobe zai gani. Tsohuwar da aka leƙa tagarta ba ta da inda za ta danna. Maiko da aka tare wa hanya ba a aiko mata da saƙon tambayar yadda ta ji. Saboda haka ɗan jagorar da ya ce wa baƙonsa “ba za mu shiga nan ba” yana iya rasa tauraro, wanda ya kau da kai aka samu hoto mai kyau kuma ya samu biyar cif. Ba sai an samu mugu ko ɗaya a cikinsu ba, ma'aunin ne ke auna jin daɗin mai biya shi kaɗai. Sannan lungun da aka sayar da sunan ɓoyayye, da zarar hotonsa ya hau Instagram da alamar wurin a jiki, ɓoyuwarsa ta ƙare, sai a nemi wani.

Kyoto tana da tata tsohuwar amsa, tun kafin a san waya. Manyan gidajen shayin Giyon ba sa karɓar baƙon da ba wanda ya gabatar da shi, kome kaurin aljihunsa. Sai tsohon abokin hulɗar gidan ya kawo ka, kuma idan ka yi abin kunya ko ka ƙi biyan kuɗi, shi za a tuhuma. Wannan ba baƙon abu ba ne ga duk wanda ya san yadda fataken goro da na shanu suka yi ta sauka a zanguna. Baƙo yana da maigida ko fatoma, wanda ke ba shi masauki, ya haɗa shi da masu saye, ya kuma tsaya masa idan magana ta taso. Fatoma yana cin la'adarsa, amma gobe ma a garin zai kwana, don haka ba zai sayar da mutuncinsa wurin maƙwabta saboda baƙon kwana uku ba. Abin da ya riƙe tsarin shi ne cewa mai gabatarwa yana da abin da zai rasa a wurin mutanen gari.

Ɗan jagorar manhaja fa? Har zuwa farkon 2018, dokar Japan ta ce ba mai jagorantar baƙi da harshen waje don a biya shi sai wanda ya ci jarrabawar gwamnati ya sami lasisi. A watan Janairun shekarar aka sassauta, yanzu kowa na iya yi. An sami ƙarin masu jagora, kuma da yawansu nagari ne. Amma yanzu mai zagayawa da kai Giyon yana iya zama wanda bai fi wata shida a birnin ba, wanda ba wani mai gidan shayi da ya san sunansa, balle ya ji kunyar haɗa ido da shi.

Za a iya cewa, kuma da gaskiya, wannan tsari na “sai an gabatar da kai” gatan masu hannu da shuni ne da 'ya'yan manya. Me ya sa attajiri zai zauna da geiko har tsakar dare, talakan da ya tara kuɗin jirgi shekara biyar a hana shi ko da hoto daga nesa? Birnin ma ai yana son kuɗin baƙi. Haikalai na karɓar kuɗin shiga, hukumar birni na karɓar harajin kwana a otal tun 2018. Wanda ya buɗe hannu ya karɓa, da wane baki zai ce an dame shi?

Rabin wannan ƙorafi mun yarda da shi. Ƙofar da kuɗi kaɗai ke buɗewa ba abin alfahari ba ce. Amma ɗaya rabin bai tsaya da ƙafarsa ba. Matar da ke sayar da ƙosai a zauren gidanta ba ta sayar maka da tsakar gida ba, kuma rubutun “ba shiga” da muke gani a bangon gidajenmu bai taɓa nufin maigidan ya ƙi baƙi ba. Giyon ta tanadi nata zauren. Tun 1872 geiko da maiko ke yin rawar Miyako Odori a watan Afrilu, kowa ya sayi tikiti ya zauna ya kalla. Haikalin Saihoji, mai lambun gansakuka, ya gaji da cunkoso tun 1977, ya ce duk mai son zuwa sai ya nemi izini tun da wuri, aka daɗe ana yin haka ta wasiƙa, kuma baƙo kan zauna ya kwafi nassin addininsu da hannu kafin ya shiga lambun. Musulmi zai iya cewa wannan sharaɗi bai dace da shi ba, ya haƙura da lambun, kuma ba a zalunce shi ba. Akwai ma abin da ba a nuna wa kowa. Babban mutum-mutumin da ke cikin Kiyomizu a rufe yake, bisa al'ada sau ɗaya ake buɗe shi a shekara 33. Miliyoyin da ke hawa dandamalin nan suna sauka ba su gan shi ba, har da Japanawa masu bauta a wurin.

A ganinmu, abin da ɗan jagora ya mallaka shi ne lokacinsa, iliminsa, harshensa da ƙafafunsa, kuma waɗannan halal ne ya sa musu farashi. Fuskar maiko ba tasa ba ce, shirun lungu ma ba nasa ba ne. Idan buƙatar wanda ya biya shi ta ci karo da haƙƙin wanda bai san an yi cinikin ba, na biyun ne ya kamata ya rinjaya, ko da tauraro zai faɗi. Baƙon da ya ɗauki jagora kuma ya sani cewa cikin abin da ya saya har da wanda zai hana shi.

Inda aka kafa allo, hukunci mai sauƙi ne. Wahalar tana inda ba allo. Fushimi Inari, wanda tarihinsa ya koma 711, ba shi da ƙofar da ake kullewa, ba a biyan ko yen ɗaya, dare da rana a buɗe yake. Masu jagora sukan kai baƙinsu da sassafe don guje wa cunkoso, wato daidai lokacin da mutanen unguwa ke zuwa yin ibadarsu don su ma su guje wa cunkoson. Dattijo yana tsaye gaban wurin bauta, ya sunkuyar da kai, ya tafa hannu sau biyu, haske yana faɗowa ta tsakanin ginshiƙai.  Baƙo ya ɗaga waya, kuma ɗan jagora yana da daƙiƙa biyu ya yanke ko zai ɗora hannu a kanta.