Ruwan Langa da Sunan Daji: Wa Muke Yi wa Alama, Kuma Me Muke Saka Wa?

Duk wanda ya tashi a ƙasar Birnin Gwari tun kafin dare ya zama abin tsoro, ya san yadda dandali yake cika idan kaka ta yi, an kai amfanin gona rumbu, farin wata kuma ya fito. A nan muka koyi langa. Mukan rabu gida biyu, kowa ya kama ƙafarsa ɗaya ta baya da hannu, ya dinga tsalle da ɗayar. Wanda ya saki ƙafa ko aka ka da shi, ya fita. Amma ba duka 'yan wasa ne darajarsu ɗaya ba. Kowane ɓangare yakan ware mutum guda a ce shi ne ruwa. Idan ruwa ya ratsa abokan karawa ya isa wurin da aka shata, ya sha, ɓangarensa sun ci. Idan kuwa aka ka da ruwa, to zance ya ƙare, ko da sauran mutanensa duk suna tsaye.

A wancan lokaci ba mu ɗauki wannan a bakin komai ba. Sai da girma ya zo muka lura cewa wannan ƙa'ida guda ɗaya ita ce take juya wasan baki ɗaya. Da zarar an ce wane ne ruwa, ƙaƙƙarfan cikinmu ya daina neman wanda zai kayar don a yabe shi, ya koma doki mai buɗe hanya. Mai wayo ya koma jan hankalin abokan karawa zuwa wani gefe. Shi kansa ruwa, ko da ya fi kowa son faɗa, dole ya haƙura, ya koyi zilliya, domin faɗuwarsa ba tasa ba ce shi kaɗai. Halin yaran bai sake ba, ƙa'ida ce ta sake musu dabara. Daga nan tambayar da muke son mu tattauna da 'yan'uwa marubuta ta taso: idan mutane suka ɗauki wata mummunar hanya, laifin na halinsu ne kawai, ko kuwa da hannun waɗanda suka tsara wa za a yi wa alama da abin da za a saka wa?

Masu shirya wasanni sun daɗe da sanin amsar da ke wajensu. A shekarar 1981 hukumar ƙwallon ƙafa ta Ingila ta mai da ladan cin wasa maki 3 maimakon 2, domin ƙungiyoyi su rage gamsuwa da kunnen doki, kuma a 1994 aka bi wannan tsari a gasar cin kofin duniya da aka yi a Amurka. Ba wa'azi aka yi wa 'yan wasa ba, lissafi aka sauya. Haka nan yaranmu na yau da ke dambe a cikin wayar hannu. A wasan nan mai suna Brawl Stars, wanda wani kamfanin ƙasar Finlan ya fitar wa duniya a 2018, akwai wani salo da duk wanda ya kashe abokin karawa sai tauraro ya ƙaru a bisa kansa, kowa yana gani, wanda kuma ya kashe shi ya kwashe ladan taurarin. Sai ka ga gwanin da ya fara da zafi ya koma raɓe-raɓe a baya yana tsoron asara, sauran kuwa sun bar kowa sun yi masa ca.

A nan ne ya kamata mai karatu ya tsaya ya auna bambancin alamun nan biyu. Alamar ruwan langa jama'arsa ne suke ba shi tun kafin a fara, amana ce, kuma ladan da ke cikinta na isa gida ne, a raba da kowa. Alamar tauraro kuwa mutum ne yake saya wa kansa ita da yawan waɗanda ya kayar. Ta farko tana haifar da kariya da haɗin kai, ta biyu tana haifar da farauta da zaman ɗar-ɗar.

To, ba wasan yara ne ya sa muka ɗauki alƙalami ba. Dajin da ya kewaye mu, wato Kamuku, wanda aka keɓe tun 1936 aka kuma mai da shi gandun daji na ƙasa a 1999, da maƙwabcinsa Kuyambana ta ɓangaren Zamfara, sun shafe shekaru suna zaman fagen wani wasa wanda wanda aka kayar a cikinsa ba ya tashi. Mun tuna Dogon Dawa a watan Oktoba na 2012, inda aka kashe mutane a bakin masallaci da asuba. Mun tuna Gwaska a watan Mayu na 2018, inda aka rasa rayuka fiye da 40. Mun tuna shekarun da hanyar Kaduna ta Buruku da Udawa ta zama sai an yi sallama da iyali kafin a hau ta. Wannan fage ma yana da alamunsa da makinsa, kuma wasu daga ciki mu ne muka shata su.

Mu fara da makin. Kuɗin fansa lada ne, kuma lada mai hawa-hawa: na manomi daban, na ɗan kasuwa daban, na ɗaliban makaranta a jimlace ya fi duka. Ba mu zargin uban da ya sayar da gonarsa ya karɓo ɗiyarsa, domin da mu ne ma haka za mu yi. Amma gaskiya ɗaya ce, daga ƙin ta sai ɓata: duk kuɗin da ya shiga daji yana koya wa na ciki inda riba take. Shi ya sa aka tashi daga satar shanu aka koma satar mutane.

Sai alamar. A watan Nuwamba na 2022 hedikwatar tsaro ta ƙasa ta fitar da sunayen mutum 19 da take nema, ta sa Naira miliyan 5 a kan kowane. Niyyar a fili take, wato a ka da ruwa wasa ya ƙare. Sai dai daji ba dandali ba ne. Lokacin da aka kashe Buharin Daji a watan Maris na 2018, a hannun Dogo Giɗe wanda suka yi zama tare, mutane da yawa sun yi zaton an huta. Bayan wata biyu aka shiga Gwaska. A langa akwai yarjejeniyar cewa faɗuwar ruwa ita ce ƙarshe, a daji kuwa faɗuwar babba gurbi take buɗe wa ƙanana goma. Wani abin takaicin ma shi ne, sunan da aka sa a jerin waɗanda ake nema yakan zama abin taƙama a wurin mai shi, kamar dai taurarin nan na wayar yara. A watan Yuli na 2022 kuma muka ga ɗaya fuskar, lokacin da aka naɗa wa Ado Aleru rawanin Sarkin Fulani a 'Yandoton Daji ta Jihar Zamfara, mutumin da 'yan sandan Katsina suka sa kuɗi a kansa shekara biyu kafin nan. Yaron da ke riƙe da bindiga a bayansa, wane darasi zai ɗauka?

Kada mu yi saurin yanke hukunci, domin akwai hujja mai nauyi a ɗaya gefen. A watan Nuwamba na 2024 Gwamna Uba Sani ya zo Birnin Gwari, aka karɓi waɗanda suka ce sun tuba, aka sake buɗe kara bayan ta daɗe a rufe. Duk wanda ya ga fuskar manomin da ya taka gonarsa bayan shekaru ba zai raina sulhu ba. Kuma ba a sulhu da iska, dole sai da wanda ake jin maganarsa, wato dole a nuna wani a ce shi ne babba. Wanda bai taɓa kwana a bisa itace don gudun harbi ba, bai kamata ya zauna a birni yana koya wa mutanen ƙauye ƙin sulhu ba.

Saboda haka tambayar ba ta a yi alama ko kada a yi ba ce. Ba a taɓa yin al'umma babu alama ba. Tambayar ita ce, wace irin alama? A nan muke ganin dandali yana da abin koya wa fada. Na ɗaya, a langa ana ba da maki ne don isa gida, ba don yawan waɗanda aka kayar ba. To ladan sulhu ya rataya a kan abin da ido zai gani: hanya a buɗe, gona a nome, bindiga a ajiye, ba a kan girman ɓarnar da mutum ya taɓa yi ba. Na biyu, idan ruwa ya sha, ɓangare ne ya ci. Rijiya da makaranta da asibitin dabbobi da burtali su isa ga ruga da ƙauye baki ɗaya, musamman ga makiyayin da aka kwashe wa shanu bai ɗauki makami ba, da manomin da aka ƙone wa rumbu bai rama ba. Idan mai haƙuri ya tashi a tutar babu, mai bindiga ya samu kujera, to mun rubuta ƙa'idar wasan gobe da hannunmu. Na uku, a dandali ana kirga waɗanda suka faɗi. Marayu da zawarawan Dogon Dawa da Gwaska suna da haƙƙin a san da zamansu a duk inda ake rabon lada.

Wannan ba ya wanke mai laifi. Ƙa'ida tana karkata mutum, amma ba ta ɗauke masa zaɓi, kuma kowa zai amsa nasa a gaban Mahalicci. Abin da muke cewa shi ne, idan ɓera da sata, daddawa ma da wari. Mai shata fage yana da nasa kason.

Mu kuma marubuta, kada mu zaci muna bakin fage muna kallo. Alƙalami ma rawani yake naɗawa. Yau yaro a garin nan zai iya jero sunayen manyan daji biyar ba tare da ya yi tuntuɓe ba, amma ka tambaye shi sunan direba ɗaya da ya yi ta kai marasa lafiya Kaduna a shekarun da hanya take cin mutane, ko malama ɗaya da ta ƙi barin ajinta, sai ya yi shiru. Wa ya hana shi sani, in ba mu ba? Duk ɗan'uwan da ke shirin rubuta labari ko waƙa ko wasan kwaikwayo a kan wannan zamani, ya tambayi kansa tun kafin ya fara: wa na ɗora a matsayin ruwa a cikin wannan littafi, kuma don me zan ba shi maki? Mai karatu yaro ne a dandali, inda muka sa alama nan zai nufa.

Allah Ya zaunar da ƙasarmu lafiya, Ya maido mana da daren da yara za su fita langa iyaye na barci da ido biyu rufe.